Kafin a haddace Freud, a buɗe fayil ɗin Anna O.

A cikin wani littafi na tarihin rayuwar Bertha Pappenheim akwai hotonta na shekarar 1882, tana sanye da kayan hawan doki. Pappenheim ita ce matar da Josef Breuer da Sigmund Freud suka saka wa suna Anna O. a littafinsu na 1895, kuma labarin warkewarta shi ne tubalin farko na saiko'analisis, wato tonon zuciya ta hanyar zance. Henri Ellenberger, likitan ƙwaƙwalwa mai koyarwa a Montreal ta Kanada, ya nemo asalin hoton ya kai ɗakin binciken 'yan sandan birnin. Da aka haska shi da fitila ta musamman sai sunan garin mai ɗaukar hoton ya bayyana: Konstanz, a bakin iyakar Jamus da Suwizalan. Daf da garin, a Kreuzlingen, akwai sanannen asibitin jinyar masu taɓin hankali mai suna Bellevue. Ellenberger ya bi sawu har can, aka buɗe masa ma'ajiyar takardu, ya tarar da rahoton da Breuer ya rubuta a 1882 da kuma bayanin likitan da ya karɓe ta. An kwantar da ita daga Yuli zuwa Oktoba na wannan shekara, 'yan makonni bayan lokacin da littafin ya ce alamomin ciwonta sun gushe. Tana fama da matsanancin ciwon jijiyar fuska, jikinta ya saba da allurar mofin, kuma da dare Jamusanci, harshen da aka haife ta a ciki, yakan ƙwace mata. Ellenberger ya buga wannan a 1972.

Na fara da wannan labari ne saboda yadda ake koyar da Freud da ire-irensa a wurinmu. Duk wanda ya bi ta kwalejin ilimi ko sashen ilimi na jami'a ya haɗu da Freud a darasin halayyar ɗan'adam, ya haddace id da igo da sufa-igo, wato sassa uku da Freud ya kasa zuciyar mutum, da matakai biyar na girman yaro. Ya kuma haɗu da falsafar wujudiyya, mai sa rayuwar mutum da zaɓinsa a gaba, a darasin falsafar ilimi, cikin jerin mazhabobi, da sunayen Kierkegaard da Heidegger da Sartre a layi ɗaya kamar 'yan gida ɗaya. Ɗalibi yakan fita da ɗayan abu biyu. Ko ya ɗauka cewa kimiyya ce tabbatacciya kamar zagayawar jini, ko ya ɗauka shirmen Turawa marasa addini ne da ake zubarwa a takardar jarrabawa a manta. Ra'ayina shi ne duka biyun asara ce, kuma maganinta shi ne a koyar da su yadda masana tarihin tunani irin su Ellenberger suka karanta su: da shekarunsu, da biranensu, da yaƙe-yaƙen da suka ratsa, musamman da abin da ya sami mutanen da aka gwada ra'ayoyin a kansu.

A fara da aikin tonon zuciyar kansa, domin yawancin masu haddar ba a taɓa gaya musu yadda ake yin sa ba. Freud ya bayyana tsarinsa dalla-dalla a wata maƙala ta 1913. Akan fara da gwaji na mako ɗaya ko biyu. Idan an ci gaba, mara lafiya yana da sa'a guda kowace rana, kwana shida a mako, kuma sa'ar tasa ce, zai biya ko ya zo ko bai zo ba. Yana kwanciya a doguwar kujera, likita na zaune ta bayan kansa inda ba ya ganin sa. Freud bai ɓoye ba cewa ɗaya daga dalilan wannan zama shi ne ba ya iya jure a zuba masa ido sa'a takwas a yini. Doka ɗaya ce a kan mara lafiya: ya faɗi duk abin da ya zo masa, komai rashin ma'anarsa, komai kunyarsa. Likita yana sauraron inda zance ya tsinke, inda harshe ya suɓuce, da mafarkai. Daga baya mara lafiya yakan fara ɗora wa likita tsohuwar soyayya ko tsohon haushi da asalinsu na uwa ne ko uba, kuma a wurin Freud nan ne ainihin filin aikin yake.

Akwai alheri a nan da bai kamata a raina ba. A zamanin da ake yi wa irin waɗannan marasa lafiya magani da wankan ruwan sanyi da jona wutar lantarki da tilasta hutu, wani likita ya zauna yana sauraron mutum ɗaya wata da watanni. Duk wani maganin zance da ake yi a asibitoci yau, har da waɗanda suka yi watsi da ra'ayoyin Freud, yana ɗauke da gadon wannan zama.

Inda abin yake lalacewa shi ne wurin fassara. Idan likita ya faɗi ma'anar mafarki mara lafiya ya yarda, an samu hujja. Idan ya ƙi, sai a ce turjiya ce, kuma turjiya alama ce ta cewa an taɓa wurin ciwo. Ke nan babu amsar da za ta iya nuna likita ya yi kuskure. Labarin Dora shi ne misali mafi ɗaci. Sunanta na gaskiya Ida Bauer, tana gab da cika shekara 18 lokacin da mahaifinta ya kai ta wurin Freud a Oktoban 1900. Mahaifin yana neman matar wani abokinsa, abokin kuma yana bin yarinyar tun tana 'yar shekara goma sha uku zuwa sha huɗu. Ya taɓa rungumar ta da ƙarfi ya sumbace ta, daga baya ya nemi ta a bakin wani tafki ta ɗauke shi da mari. Da ta faɗa a gida aka ce ƙirƙira ta yi. Freud ya gaskata ta a kan abin da ya faru, wannan a ba shi. Amma sai ya yanke cewa ƙyamar da ta ji ita ce ciwon, domin a ganinsa a ɓoye tana son mutumin. Duk lokacin da ta ce a'a, ya karanta shi a matsayin i. Bayan mako 11, ranar 31 ga Disamba, ta gaya masa ba za ta dawo ba. Ɗalibar da za ta zama malamar firamare ko mai ba ɗalibai shawara tana buƙatar wannan labari fiye da jadawalin matakai biyar, domin wata rana yarinya za ta zo mata da irin wannan ƙorafi, kuma za a samu babba mai cewa ita ta jawo.

Masanin falsafar kimiyya Karl Popper ya gina sukarsa a kan wannan rami, ya ce ra'ayin da ya dace da duk abin da zai iya faruwa bai faɗi komai da za a gwada ba. Adolf Grünbaum a 1984 ya zo ta wata ƙofa: ana iya gwada wasu da'awoyin Freud, amma abin da aka ji a kan doguwar kujera ba zai zama shaida ba, tunda likitan ne da kansa yake shuka abin da yake girba. Su ma fayilolin ba su taimaka ba. Sergei Pankejeff, Barashen da Freud ya duba daga 1910 zuwa 1914 kuma ya sallame shi a matsayin wanda ya warke, ya ci gaba da zirga-zirga wurin likitocin wannan fanni kusan har mutuwarsa a 1979.

Tarihin birnin ma yana cikin lissafi. Carl Schorske, a littafinsa na 1980 kan Vienna ta ƙarshen ƙarni na 19, ya nuna cewa Freud ya rubuta littafin fassarar mafarki a daidai lokacin da siyasar sassauci da Yahudawan birnin suka dogara da ita take rushewa. A 1897 Karl Lueger, wanda ya hau siyasa da ƙin Yahudawa, ya zama magajin gari. Freud bai samu muƙamin farfesa ba sai 1902. Schorske yana ganin mutumin da aka rufe wa ƙofar siyasa ne ya mai da rikicin talaka da hukuma rikicin ɗa da uba. Ana iya jayayya da wannan karatu, amma bayan an ji shi da wuya a sake ɗaukar labarin Oedipus, wato ra'ayin Freud cewa yaro yana kishi da ubansa a kan uwarsa, a matsayin hoton kowane gida a duniya. Tun 1927 masanin al'adu Malinowski ya kawo misalin tsibiran Trobriand, inda iko a kan yaro yake hannun kawunsa, ɗan'uwan uwa, uba kuwa abokin wasa ne.

Jean-Paul Sartre, Bafaranshen da ya yi fice a wujudiyya, bai yarda da ɓoyayyen sashen zuciya da Freud yake magana a kai ba, kuma hujjarsa tana da kyau a ji ta. Freud ya ce akwai mai gadi tsakanin abin da mutum ya sani da abin da ya danne. Sartre, a babban littafinsa na 1943, ya tambaya: ta yaya mai gadi zai hana wani abu wucewa idan bai gane shi ba? Dole ya san abin, ya kuma ɓoye wa kansa cewa ya sani. To ai matsalar ba ta tafi ba, an dai ɗauke ta daga mutum an ɗora wa mai gadi. Don haka Sartre ya ce abin da ke faruwa yaudarar kai ce: mutum ya sani, yana kuma kauda ido. A wurinsa ba a haifi mutum da wata tabbatacciyar ɗabi'a ba. Wuƙar yanka takarda tana da manufa a zuciyar maƙerinta kafin a ƙera ta, mutum kuwa yana samun kansa a duniya tukuna, sannan ayyukansa su faɗi ko shi wane ne.

Wannan magana tana da ranar haihuwa. An kama Sartre a matsayin soja a Yunin 1940, ya yi wata tara a tsare, mafi yawa a sansanin Trier, ya dawo Paris da ke hannun Jamusawa. A irin wannan gari tambayar ko za ka tona asirin abokinka idan an azabtar da kai tambaya ce ta yau da gobe. A laccarsa ta 29 ga Oktoba 1945 ya ba da labarin ɗalibinsa da aka kashe wa yaya a yaƙin 1940, uban kuma ya karkata ga Jamusawa, uwar ba ta da kowa sai shi. Ya tsaya da ita, ko ya tsallaka Ingila ya shiga rundunar 'yantar da Faransa? Sartre ya ce masa shi mai 'yanci ne, ya zaɓa. Ya ƙara da wata lura da nake ganin ta fi duk laccar daraja: wanda ya je neman shawara ya riga ya zaɓi mai ba shi shawarar, kuma ya san kusan abin da zai ji. Duk wanda ya ga mai neman fatawa yana tsallake malamai uku domin ya isa ga na huɗu ya gane wannan.

Amma 'yancin da aka auna da fursunan yaƙi ɗan boko, namiji, Bafaranshe, bai zauna daidai a kan kowa ba. Abokiyar rayuwarsa, marubuciya Simone de Beauvoir, ta ba da labarin cewa tun 1940 ta yi masa musu, ta tambaye shi wane irin 'yanci ne ya rage wa macen da aka kulle a gidan ƙwaraƙwarai. Littafinta na 1949 kan matsayin mace amsa ce mai tsawo ga wannan tambaya, har da babi guda na sukar Freud. Shi kansa Sartre a wata hira ta 1969 ya ce ya kaɗu da ya sake karanta inda ya rubuta cewa kowane hali mutum yake ciki yana da zaɓin zama maci amana ko a'a. Littattafan makaranta suna koyar da Sartre na 1945 kamar bai sake buɗe baki ba har ya mutu a 1980. Haka kuma suke kawo Heidegger ba tare da faɗin cewa ya shiga jam'iyyar Nazi a Mayun 1933 yana shugaban jami'ar Freiburg ba, a watan da aka ƙona littattafan Freud a Berlin, ko cewa a wasiƙarsa da aka buga a 1947 ya nesanta kansa da falsafar Sartre. Karl Jaspers, da ake jera shi kusa da Heidegger, an raba shi da kujerarsa a Heidelberg a 1937 saboda matarsa Bayahudiya ce.

Kada kuma a ɗauka wujudiyya ta fita da hannu mai tsabta daga asibiti. Wancan asibiti na Bellevue da aka kwantar da Anna O. na zuriyar Binswanger ne, kuma Ludwig Binswanger, abokin Freud, shi ne ya haɗa likitancin ƙwaƙwalwa da falsafar Heidegger. A farkon 1921 aka kawo masa wata mata mai shekara 33 da ya kira Ellen West, mai tsananin tsoron ƙiba, mai shan maganin zawo da yawa, wadda ta sha yunƙurin kashe kanta, kuma likitocin tonon zuciya biyu sun riga sun gaza a kanta. Bayan shawara da wasu manyan likitoci biyu, ciki har da Eugen Bleuler, aka yanke cewa ba ta da magani, aka sallame ta alhali an san haɗarin. Kwana uku da komawarta gida ta kashe kanta. Fiye da shekara ashirin bayan haka Binswanger ya rubuta labarin da harshen falsafa mai daɗin ji, ya nuna mutuwar a matsayin cikar ma'anar rayuwarta. Ina ganin wannan ya fi kuskuren Freud a kan Dora muni. An yi gudun gara an faɗa gidan zago: an tsere wa likitan da ke mai da mutum injin sha'awa, an faɗa hannun wanda ya lulluɓe gazawar magani da kalmomi masu girma.

Mutumin da ya fi nuna yadda ake amfani da waɗannan kayan aiki ba tare da zama bawansu ba shi ne Frantz Fanon, ɗan Martinique da ya karanci likitanci a Lyon. A 1947 mutanen Madagaska suka yi tawaye, Faransa ta murƙushe su da kisan dubban mutane, tana amfani har da sojojin Afirka da ake kira 'yan Senegal. A 1950 Octave Mannoni ya fitar da littafi yana cewa Malagasi suna da ɗabi'ar dogaro da wani tun kafin zuwan Turawa, ya kawo mafarkan yara masu ganin baƙin bijimi da sojoji suna bin su, ya fassara su da alamomin uba da sha'awa. Fanon ya amsa a 1952 cewa a mai da mafarkin lokacinsa da wurinsa. Bindigar sojan Senegal a mafarkin yaron, in ji shi, ba al'aura ba ce, bindiga ce ta gaske ƙirar Lebel.

Shi ma ya yi nasa tuntuɓen, bambancin shi ne ya rubuta shi da hannunsa. Ya kama aiki a asibitin Blida na Aljeriya a ƙarshen 1953, aka ba shi sashen mata Turawa 165 da na maza Musulmi 220. Ya kawo tsarin da ya koya wurin François Tosquelles a Saint-Alban: taron marasa lafiya da ma'aikata, jaridar asibiti, majigi, waƙar taro, saƙar kwando. A sashen matan abin ya karɓu cikin 'yan watanni. A sashen mazan ya rushe. Ana taro ta bakin tafinta, wanda a idonsu abokin ɗan sanda ne da alƙalin Faransa. Yawancinsu ba sa karanta jaridar. Finafinan ba su shafe su ba, saƙar kwando kuwa aikin mata ce a wurinsu. A maƙalar da ya rubuta da Jacques Azoulay a 1954, Fanon bai ɗora laifin a kan ƙwaƙwalwar Balarabe ba, ko da yake wannan ne bayanin da mazhabar likitan ƙwaƙwalwa Antoine Porot ta Aljiyas take bayarwa a lokacin. Ya ce su likitocin ne suka ɗauko tsarin wata al'umma suka kifa a kan wata. Suka buɗe gidan shan gahawa irin na gari, suka riƙa yin bukukuwan Salla, suka kawo mai ba da labari na gargajiya, sai mazan suka fara fitowa. A wannan shekara ta 1954 likitan ƙwaƙwalwa ɗan Nijeriya Thomas Adeoye Lambo ya fara nasa tsarin a Aro kusa da Abeokuta, inda marasa lafiya suke zama a ƙauyuka tare da wani ɗan'uwansu suna zuwa asibiti da rana.

Akwai masu cewa a cire su Freud da Sartre gaba ɗaya daga manhaja, tunda Freud ya rubuta a 1927 cewa addini ruɗi ne da buƙatar uba ta haifa, Sartre kuma ya gina falsafarsa a kan cewa babu Mahalicci. Damuwar gaskiya ce, kuma bai dace malami ya ɓoye wa ɗalibai waɗannan matsayai ba. Sai dai cirewa ba za ta hana ra'ayoyin isowa ba. Suna shigowa ta fina-finai da littattafan gyaran rayuwa da gajerun bidiyo masu cewa kai ne kake ƙera kanka, ko duk matsalarka daga yarinta take, kuma suna isowa babu suna babu tarihi, yadda ba a iya kama su a tuhuma. Imam Gazali sai da ya rubuta littafi guda yana bayyana manufofin masana falsafa tsakani da Allah kafin ya rubuta na rushe su, kuma ya ce raddi kafin fahimta harbi ne a duhu. Ga shi kuma ita wujudiyyar ba gida ɗaya ba ce: Kierkegaard, wanda ya rasu a 1855, Kirista ne mai tsananin riƙo da ya rubuta littafi sukutum a kan biyayyar Annabi Ibrahim ga umarnin yanka ɗansa, Gabriel Marcel ɗan Katolika ne, Abdurrahman Badawi na Masar kuma ya nemi saiwoyinta a cikin sufanci.

Gyaran da nake nema ba ya cin kuɗi. A zangon karatu na mako goma sha biyu, kowane ra'ayi ya shigo aji tare da mutum ɗaya da aka gwada shi a kansa: dannewa da Anna O., turjiya da Dora, 'yanci da ɗalibin Sartre, ma'anar rayuwa da Ellen West, al'ada da mazan Blida. Shafi biyar zuwa goma na asalin rubutun sun isa, a karanta a aji, domin taƙaitawar littafin makaranta takan share daidai wuraren da marubucin ya yi tsalle daga abin da ya gani zuwa abin da yake so. A kan kowane labari a tambayi ɗalibi wa ya rubuta rahoton, bayan shekara nawa, wa ya biya kuɗin maganin, me ya sami mara lafiyar daga baya, kuma akwai wata takarda da ba ta likitan ba. A labarin Anna O. tazarar shekara 13 ce, a na Ellen West fiye da 20, a na Dora kuma uban da ke son a rufe bakin yarinyar shi ne mai biya. A jarrabawa, maimakon a ce lissafo matakai biyar, a ba ɗalibi mafarkin yaron Madagaska a ce ya fassara shi yadda Mannoni zai yi da yadda Fanon zai yi, sannan ya faɗi wace shaida ce za ta raba gardamar.

Sai kalmomin kansu. Id da igo da sufa-igo ba daga bakin Freud suka fito ba. Latin ne da masu fassara shi zuwa Ingilishi suka zaɓa, aka kafe su a fassarar James Strachey mai juzu'i 24 da ta fito tsakanin 1953 da 1974, kuma Bruno Bettelheim ya yi ƙorafi a kai cewa sun sa zancen gida ya koma kamar sunayen ƙasusuwa. Freud ya yi amfani da kalmomin da yaro Bajamushe yake faɗa kullum: “ni”, da “abin”, da “saman ni”. Malamin da ke bayani da Hausa yana da damar da mai Ingilishi ya rasa, domin Bahaushe ya riga yana cewa “abin ne ya zo mini”, “zuciya ce ta ɗebe ni”, “raina bai ba ni ba”. Idan aka fara daga nan, ɗalibi zai ga cewa Freud yana ba da wani bayani ne a kan abin da shi ma ya sani a jikinsa, zai kuma iya ajiye shi gefe da abin da ya karanta a kan nafsul ammara da nafsul lawwama ya duba inda suka haɗu da inda suka rabu.